Waƙa ibada ce ko adon ibada? Muhawara kan Hildegard ta Bingen da sufayen Kirista na da

Maman Tabita:
Salama gare ku 'yan'uwa. Ina so mu tattauna kan wata mata da ta rayu a Jamus, Hildegard ta Bingen, wadda aka haifa a 1098 ta rasu a 1179. Shugabar mata masu zuhudu ce, irin waɗanda suka bar aure da gida suka keɓe kansu domin addu'a. Ta ce tun tana ƙarama take ganin wahayi, amma ba ta fara rubutawa ba sai a 1141, tana da shekara 42. Ta bar waƙoƙin yabo sama da 70, ita ta tsara kalmomin, ita ta ɗora musu kari.

Abin da ya ja hankalina shi ne abin da ya same ta tana da shekara 80. A 1178 aka binne wani mutum a maƙabartar gidan zuhudunsu da ke Rupertsberg. Manyan ikkilisiya na birnin Mainz suka aiko cewa an riga an fitar da mutumin daga tarayya kafin ya mutu, don haka a tone shi a fitar. Ita kuwa ta ce ya tuba, ya furta zunubansa gaban limami, an karɓe shi, ba za ta taɓa kabarinsa ba. Sai aka yanke musu hukunci: babu Jibin Ubangiji, kuma babu rera waƙa. Addu'o'in da suka saba rerawa dare da rana, sai dai su karanta su ƙasa-ƙasa.

Ta bi hukuncin, suka yi shiru. Amma ta rubuta wa manyan nan wasiƙa mai zafi. A ciki ta ce kafin Adamu ya faɗi, muryarsa tana tafiya tare da ta mala'iku wajen yabo, kuma annabawa sun tsara zabura da kayan kiɗa ne domin ɗan Adam ya tuna abin da ya rasa. Ta ce Shaiɗan ba ya son wannan tunawa, shi ya sa kullum yake neman ya toshe bakin masu yabo. Ta kuma gargaɗe su cewa duk wanda ya hana waƙar yabo ba tare da ƙwaƙƙwaran dalili ba, ya ji tsoron kada a hana shi shiga cikin masu yabo na sama. A watan Maris na 1179 aka janye hukuncin, a watan Satumba ta rasu.

Ni dai na tsaya a inda ta tsaya. Waƙa ba cike gurbi ba ce kafin mai wa'azi ya hau, ita kanta sujada ce. Me kuka gani?

Baba Iliya:
'Yata Maman Tabita, sannu da ƙoƙari. Amma kafin Hildegard akwai wanda ya fi ta kusa da mu, Agustin, bishof na Hippo, garin da yau ake kira Annaba a Aljeriya. Ya rayu daga 354 zuwa 430. Shi da bakinsa ya ce ya zubar da hawaye da jin waƙoƙin majami'ar Milan lokacin da aka yi masa baftisma a 387. Ke nan ba maƙiyin waƙa ba ne. Duk da haka, a littafinsa na furta zunubai ya ce idan ya tarar daɗin muryar ya fi motsa shi a kan abin da ake faɗa, to ya yi zunubi, gara ma da bai ji mawaƙin ba. Har ya ce wani lokaci yakan ga kamar hanyar Atanasiyus na Iskandariya ta fi aminci, wanda yake sa mai karanta zabura ya ɗan lanƙwasa murya kaɗan kawai, ya fi kusa da magana a kan waƙa.

Ki tambayi matasanmu bayan an tashi sujada me waƙar ta ce. Da yawa za su rera miki karin, ba za su iya gaya miki maganar ba. Annabi Amos ma an aiko shi ya ce wa mutane su kawar da hayaniyar waƙoƙinsu, Allah ba zai saurara ba.

Yohanna mai kibod:
Baba, da girmamawa, Amos ba waƙa ya zarga ba, zalunci ya zarga. Ayar da ke biye cewa ta yi a bar shari'ar gaskiya ta gudana kamar ruwa. Kuma Agustin ɗin a ƙarshe ai goyon bayan waƙa ya yi, ya ce ta wurin daɗin kunne raunanan zukata sukan tashi zuwa ibada.

Baba Iliya:
Haka ne ɗana, ya goyi baya, amma da rawar jiki. Rawar jikin nan ce ba na gani a wurinku.

Bulus na Jos:
Kafin a yi nisa, ya kamata a san wace irin waƙa ce aka hana Hildegard, don ba irin tamu ta ranar Lahadi ba ce. Gidanta yana bin ƙa'idar Benedik, wanda ya rayu a Italiya a ƙarni na 6 ya kafa gidan zuhudu na Monte Cassino. Ƙa'idar ta ce a taru sau 7 da rana, sau 1 cikin dare, bisa ayar Zabura ta 119 mai cewa sau bakwai a yini ake yabonsa. Kuma dole a gama Zabura 150 duka a cikin mako guda, sannan a sake daga farko. Benedik har ya ce magabata a yini ɗaya suke gamawa, mu masu sanyin jiki ko a mako mu yi.

To ku duba: mace ta shiga wannan rayuwa tun tana yarinya, ta kai 80, kowane dare tana tashi cikin sanyin Jamus tana rera zabura da 'yan'uwanta. Murya ɗaya ce gaba ɗaya, ba ganga, ba tafi, wannan sashe ya rera aya wancan ya amsa. Irin karin da ake jingina wa Fafaroma Giregori na 1 ke nan, wanda ya yi mulki daga 590 zuwa 604, ko da yake masana sun nuna an daidaita shi ne a ƙasar Faransawa a ƙarni na 8 da na 9. Idan aka ce wa irin wannan mace kada ta rera, ba nishaɗi aka ɗauke mata ba, addu'arta kanta aka taɓa, tunda ba ta san wata hanyar yin ta ba.

Kuma Baba, abin da kuke nema yana cikin ƙa'idar. Benedik ya ce a tsaya a rera ta yadda hankali zai yi daidai da murya. Saboda haka ni a ganina Hildegard da Agustin ba su yi nisa da juna kamar yadda ake nunawa a nan ba.

Maman Tabita:
Na gode Malam Bulus. Amma fa waƙoƙinta na kanta ba su da wannan natsuwar ta karin Giregori. Duk wanda ya saurara zai ji yadda murya take tsalle daga ƙasa ta haura can sama, gaɓa ɗaya ta kalma a ja ta a yi ta juyawa. Mu da muke koyar da kwaya mun san irin numfashin da hakan ke ci. Ba mace ce mai tsoron daɗin sauti ba.

Akwai kuma wasan kwaikwayo na waƙa da ta tsara wajen 1151, inda rai yake tsakanin kyawawan halaye da Shaiɗan. Tawali'u ce sarauniyarsu, sai su Ƙauna, Biyayya, Bege da sauransu, kowacce tana rera nata. Shaiɗan kaɗai ba a ba shi kari ba, magana yake yi da tsawa. A wurinta alamar wanda ya rabu da Allah ita ce ba ya iya waƙa.

Yohanna mai kibod:
Ni abin da ke damuna shi ne kowane zamani dattawa sai sun ce kiɗan yara ya ɓata ibada, bayan shekaru kuma wannan kiɗan ya zama shi ne mai tsarki. A zamanin Hildegard ɗin nan akwai wani shugaban masu zuhudu a Ingila, Aelred na Rievaulx, ya rasu a 1167. Ya rubuta cewa mawaƙan majami'a suna haniniya kamar dawakai, suna karkaɗa jiki da juya ido kamar 'yan wasa, kuma ƙarar ogan, babban kayan kiɗan majami'a, ta fi kama da aradu. Darikarsa ta Sistashiyan har ta rage wa waƙoƙi faɗi, ta ce kada kari ya wuce matakin murya 10, wai saboda zabura ta ambaci molo mai tsirkiya 10.

Ana nan sai mawaƙan babbar majami'ar Notre-Dame ta Paris, su Leonin da Perotin, suka ƙware wajen ɗora murya kan murya, har 4 a lokaci guda wajen 1198. Sai ga Fafaroma Yohanna na 22 a 1324 ko 1325 ya fitar da doka daga Avignon, yana kukan cewa sababbin mawaƙa suna daddatsa kari da gajerun sautuka, suna bugar da kunne maimakon su warkar da zuciya. Yau idan aka sa wa Baba waƙar Perotin zai ce ga ibada ta gaske. Haka mu ma wata rana za a ce da namu.

Baba Iliya:
Ba duk abin da aka yi wa faɗa a da ne ya tsira ba, ɗana. Wanda ya tsira shi kake ji, shirmen kuwa ya bi iska, kuma faɗan dattawan nan yana cikin abin da ya tace shi. Ka karanta dokar Fafaroman da kyau, bai hana haɗa muryoyi gaba ɗaya ba, ya yarda a yi a ranakun idi muddin asalin karin bai ɓace ba. Ni ma abin da nake roƙo ke nan. A rage lasifika har in iya jin muryar wanda ke kusa da ni.

Malam Sani Gwale:
Assalamu alaikum jama'a, ku ba ni dama in sa baki ko da yake ni Musulmi ne, don wannan gardama tamu ce mu ma. Imamu Gazali ya rasu a 1111, lokacin Hildegard tana 'yar shekara 13. A cikin littafinsa Ihya'u ya ware babi guda sukutum kan sauraron waƙa da halin shauƙi da ke biyo baya. Matsayarsa ita ce sauti ba ya zuba wa zuciya abin da babu shi a ciki, abin da ke kwance yake tayarwa. Mai son Allah ya ji, sonsa ya ƙaru, mai bin son zuciya ya ji, nasa ya ƙaru. Ya kuma kawo maganar Junaidu, ɗaya daga manyan sufayen farko, cewa sauraro yana buƙatar abu uku: lokaci, wuri, da abokan zama.

Mu a Kano mun san yadda aka daɗe ana kai ruwa rana kan bandiri a zikirin Ƙadiriyya, wasu malamai suna kare shi, wasu suna cewa bidi'a ce. Hujjojin ɓangarorin biyu kusan su ne nake karantawa a nan tsakanin Baba Iliya da Yohanna. Ban ce addinan ɗaya ba ne, kowa ya san inda muka rabu. Amma tsoron da Agustin ya ji, malamanmu ma sun ji shi.

Ladi K.:
Ni fa ban gane wannan kalma ta sufancin Kirista ba. Mu Littafi Mai Tsarki muka sani. Wahayi da gane-gane bayan manzanni, wa ya tabbatar daga Allah suke?

Bulus na Jos:
'Yar'uwa Ladi, tambayarki ita ce ikkilisiyar wancan zamani ta yi ta yi, wani lokaci ma da mugun hannu. Hildegard ba ta saki rubutunta haka kawai ba. Ta rubuta wa Bernard na Clairvaux, shahararren shugaban masu zuhudu a Faransa, tana neman shawara, sannan aka kai wani sashe na littafinta gaban Fafaroma Yujin na 3 a taron Trier na 1147 zuwa 1148, ya amince ta ci gaba. Wasu ba su sami wannan ba. Marguerite Porete ta rubuta littafi da Faransanci kan ran da ya narke cikin ƙaunar Allah, aka ƙone ta a Paris ranar 1 ga Yuni 1310. Eckhart, babban malamin Jamus, bayan mutuwarsa aka fitar da takarda a 1329 ana sukar maganganunsa 28.

Abin da ake nufi da sufanci a nan shi ne neman sanin Allah ta ɗanɗano, ba ta karatu kaɗai ba, kuma kusan dukansu daga Littafin suka tashi. Bernard ya yi wa'azi 86 a kan Waƙar Waƙoƙi, ya mutu bai wuce farkon sura ta 3 ba.

Hajara Damagaram:
Ina bin ku tun ɗazu. Ni tarihi nake karantawa, kuma ina so a yi wa Hildegard adalci ta kowane gefe, kada a mai da ita gwarzuwar talakawa. Wata shugabar mata masu zuhudu ta Andernach, Tenxwind, ta rubuta mata wasiƙa tana tambaya: me ya sa a ranakun idi matanki suke tsayawa rera waƙa da gashi a sake, da fararen mayafai na alharini da kambin zinariya, alhali Manzo Bulus ya hana mata irin wannan ado? Me ya sa kuma 'ya'yan manya kaɗai kike karɓa, bayan Almasihu masunta ya zaɓa? Hildegard ta amsa cewa dokar ado ta matan aure ce, ba ta budurwai ba. Kan batun asali kuwa ta ce wane mai hankali ne zai tara shanu da jakuna da tumaki da awaki a garke ɗaya.

To Maman Tabita, wa yake jin waƙoƙin nan? Da Latin aka yi su, a bayan katanga, a bakin 'ya'yan masu sarauta. Manomin da ke kawo wa gidan hatsi bai san me ake faɗa ba. Ni shi ya sa Faransis na Assisi ya fi burge ni. Wajen 1225, yana fama da ciwon ido har ya kusa makancewa, ya yi waƙar yabon Allah ta bakin halittu, rana da wata da iska da ruwa da wuta, kuma da harshen mutanen yankinsa ya yi ta, wanda mai tallar kasuwa zai gane. Kwatankwacin abin da Nana Asma'u ta yi ke nan daga baya da waƙoƙinta na Hausa da Fulatanci, waɗanda jajis, matan da ta horar, suke kai wa mata har ƙauye.

Maman Tabita:
Hajara ƙanwata, maganar garke ba ta yi mini daɗi ba ko kaɗan, kuma ba zan kare ta ba. Mutuniyar zamaninta ce a nan. Amma ki tuna wanda ta sha wahala dominsa a ƙarshen rayuwarta gawa ce wadda ba za ta iya saka mata da komai ba. An ruwaito cewa da kanta ta je kabarin da sandarta ta shafe alamunsa don kada a gane wurin. Tana ganin muddin Allah ya karɓi tuban mutum, ba mai ikon fitar da shi. Ta yarda ta rasa abin da ta fi so a duniya a kan haka. Wannan ya nuna mini waƙarta ba ta raba ta da gaskiya da jinƙai ba, wato abin da Amos yake nema.

Dauda Gindiri:
Kuna ta Turai kun manta da Habasha. A al'adar ikkilisiyarsu, Yared na Aksum ne ya kafa karin waƙoƙinsu a ƙarni na 6, da salo 3 da har yau ake koyarwa. Suna ba da labarin cewa wata rana yana rera waƙa gaban sarki Gebre Meskel, mashin sarki ya soke shi a ƙafa, shi bai ji ba, sarkin ma bai lura ba, sai da waƙar ta ƙare. Su kuwa da babbar ganga suke yi, da wani abin kaɗawa na ƙarfe, da sandunan addu'a, suna rausayawa a jere kamar yadda Dawuda ya yi gaban akwatin alkawari. Tun da daɗewa Kiristocin Afirka suna yabo da ganga. Saboda haka idan matan Zumunta suka ɗauko tulu suna bugawa, kada wani ya ce sabon abu suka shigo da shi.

Baba Iliya:
Ni ban taɓa faɗa da tulun matan Zumunta ba. Kowace kalma tasu ina ji, har tsohuwar da ba ta iya karatu ba tana koyon labarin Yusufu da na Ayuba daga bakinsu.

Bari in kawo wani abu da ya fi zurfi, don ba maganar ƙara kaɗai ba ce. A Ingila an yi wani mai zaman kaɗaici, Richard Rolle, ya rasu a 1349. Ya ce yana addu'a ya ji ɗumi a ƙirjinsa har ya taɓa ya ji ko wuta ce ta gaske. Daga baya, yana karanta zabura, ya ji waƙa daga sama, tunaninsa duka ya koma waƙa. Abin mamaki, tun daga nan waƙar majami'a ta zame masa abin da ke raba masa hankali, ya riƙa janyewa daga cikinta. Bayansa Walter Hilton, wanda ya rasu a 1396, ya yi rubutu yana jan kunnen masu bin wannan hanya, cewa mutum yana iya matsa wa kansa har ya ji sauti a kansa ya ɗauka mala'iku ne, alhali tunaninsa ne ko ruɗin maƙiyi.

Wanda ya fi kowa bayyana wannan shi ne Yohanna na Gicciye, a Sifen. 'Yan darikarsa suka kulle shi a wani ɗan ɗaki a Toledo daga Disamba 1577 zuwa Agusta 1578, saboda ya goyi bayan gyaran darikar da Teresa ta Avila, wata mai zuhudu, ta kawo. A cikin duhun nan ya tsara baitoci masu daɗin da har yau Sifaniyawa suke sa shi cikin manyan mawaƙansu. Amma shi ne kuma ya koyar da cewa daɗin da mai farawa yake ji a addu'a na ɗan lokaci ne. Ya ce Allah yana yi kamar uwa mai yaye, ta shafa maɗaci a nono, ta sauke yaron daga hannu domin ya koyi tafiya. Sai addu'a ta bushe, waƙa ta daina daɗi, mutum ya ga kamar an yashe shi, alhali a lokacin ne ake girmar da shi.

Damuwata ke nan da yaranmu. Mun koya musu cewa tsikar jiki ta tashi shi ne zuwan Ruhu. Ranar da ba ta tashi ba, ranar rashi ko ciwo ko talauci, sai su ce Allah ya tafi, su koma wata majami'ar da kiɗanta ya fi.

Yohanna mai kibod:
Baba wannan kam ta shige ni, na ga irinsa a abokaina. Amma Teresa ɗin da kuka ambata ai ita ma tana tsara 'yan waƙoƙi, kuma an san matan gidajenta da rera waƙa da ɗan kiɗa a lokutan biki. Garinsu Avila kuma shi ya haifi Victoria, limamin da bai bar mana komai ba sai waƙoƙin ibada masu muryoyi da yawa.

Malam Sani Gwale:
Baba Iliya, Allah ya ƙara girma. Abin da kuka faɗa kan bushewar addu'a sufayenmu suna kiransa ƙunci, kishiyar yalwa, kuma 'yan Shaziliyya sun ce bawa ya fi samun tsira a cikin ƙuncin, don a yalwa rai yana samun rabonsa. Wani limamin Katolika ɗan Sifen masanin Larabci, Asin Palacios, ya yi rubutu a 1933 yana nuna kamannin koyarwar Yohanna na Gicciye da ta Ibn Abbad na Ronda, wanda ya rasu a Fas a 1390, mai sharhin littafin Hikam ɗin nan da ake karantawa a zaurukanmu. Masana sun rabu kan ko ɗaya ya ɗauka daga ɗaya ne, ko kuwa kowa ya bi hanyarsa suka haɗu. Kamannin dai yana nan ga mai son dubawa.

Hajara Damagaram:
Tambayata ta wa yake ji dai ita ce ta fashe a ƙarni na 16. Martin Luta, jagoran masu gyaran ikkilisiya a Jamus, ya ce bayan ilimin tauhidi ba abin da ya kai kiɗa daraja, ya sa aka buga littafin waƙoƙi da Jamusanci a 1524 domin jama'a duka su rera. Zwingli, mai gyara irinsa a Zurich ta Suwizalan, ya fi Luta iya kayan kiɗa, amma shi ne ya kawar da waƙa daga sujada, a 1527 aka cire ogan na babbar majami'ar, kuma waƙa ba ta dawo ba sai 1598. Kalbin, wani mai gyaran a Janiba (Geneva), ya tsaya tsakiya: zabura da harshen mutane, murya ɗaya, ba kayan kiɗa, aka kammala littafin a 1562. A shekarar nan kuma taron Katolika na Trent ya ce a nisantar da duk kiɗan batsa ko na shashanci daga majami'a. Mutum uku suna karanta Littafi ɗaya, kowa ya fito da hukunci dabam.

Ladi K.:
Ashe littafin waƙoƙinmu na Hausa daga hanyar su Luta ya biyo. To ni dai a nan na fi natsuwa, in rera abin da na gane. Manzo Bulus ya ce zai yi waƙa da ruhu, zai kuma yi da hankali.

Maman Tabita:
Ladi, a kan wannan aya ba mai jayayya da ke. Amma Baba, ina da ja a kan abu ɗaya. Kun ce ranar ciwo da rashi waƙa takan daina daɗi, gaskiya ne. Sai dai masu zuhudun nan ba don daɗi suke rerawa ba. Ko sun ji wani abu ko ba su ji ba, ƙararrawa tana bugawa za su tashi su rera Zabura ta 88, wadda ta ƙare da duhu ba tare da ta'aziyya ba, kamar yadda za su rera ta 150. Abin da muka rasa ke nan. Kwayarmu ta iya waƙar murna da ta nasara, amma idan aka yi mutuwa sai mu rasa abin rerawa in ban da biyu ko uku da kowa ya gaji da su. Laifin ba na waƙa ba ne, mu ne muka zaɓi rabin Zabura muka bar rabi. Yohanna na Gicciye da ya shiga duhu ai bai yi shiru ba, baitoci ya yi.

Malam Bulus, akwai yadda za a yi mu koyi irin wannan rerawa da Hausa? Kuma ta yaya aka san karin Hildegard bayan shekara sama da 800?

Bulus na Jos:
An sani ne saboda an rubuta. Wajen 1025 zuwa 1030 wani mai zuhudu a Italiya, Guido na Arezzo, ya daidaita rubuta sauti a kan layuka, ya ce abin da mawaƙi yake koya a shekara 10 yanzu zai iya a shekara 1 ko 2. Daga wurinsa ne su re, mi, fa, so, la da kuke koyar da kwaya da su suka samo asali. Waƙoƙin Hildegard suna cikin manyan kundaye 2, ɗaya ana kiransa da sunan Dendermonde ta Beljiyam, ɗaya yana Wiesbaden a Jamus. Rubutun yana nuna hawa da saukar murya, amma ba ya nuna tsawon kowane sauti, shi ya sa za ki ji ƙungiyoyi biyu sun rera waƙa ɗaya, wannan a hankali, waccan da sauri.

Nata suna da wuya ga masu farawa. Rera zabura irin ta Benedik kuwa mai sauƙi ce: yawancin ayar a kan sauti ɗaya, a ɗan lanƙwasa a tsakiya, a numfasa, a sauka a ƙarshe. Wahalar da za ki samu ita ce Hausa tana da nata hawa da sauka, idan kika shimfiɗe kalma a kan sauti ɗaya ma'ana tana iya gurɓata. Gara ki sa mutum ɗaya ya karanta ayar da ƙarfi tukuna, ki saurari inda muryarsa take hawa da kanta, ki gina karin a kai.

Maman Tabita:
To haka za mu yi. Yohanna, ranar Alhamis ka zo gwaji, amma kibod ya huta a rabin farko. Za mu fara da Zabura ta 42, maza gefe ɗaya mata gefe ɗaya. Baba, muna so ku zo ku zauna a kujerar baya ku gaya mana ko kuna jin kowace kalma.

Baba Iliya:
Zan zo in Allah ya yarda. Amma kada ku tsallake aya ta 9 da ta 10 don sun yi nauyi, a rera ta duka.

Yohanna mai kibod:
Zan zo Mama. A rabi na biyu ina so mu gwada ta da tulu kaɗai a ƙarƙashi, a hankali, mu ji ko zai rufe kalmomin ko zai ɗauke su. Malam Dauda, in kana da faifan 'yan Habasha ka turo mini kafin ranar.